Filin Da Ya Matso Gidanmu

Jiya da rana, bayan na idar da sallar azahar, barci ya sace ni a kan tabarma, na yi wani mafarki.

Abin da na fara lura da shi shi ne jan fentin da ma'aikatan filaye suka shafa a bangon madafin kakata, Iya Tasalla. Ya sauko daga bangon, yana shan ruwa a kaskon kaji. A farke ma fentin yana nan. An ce madafin ya ci taku bakwai cikin filin gwamnati, ranar Litinin za a saurari shari'ar, in muka faɗi a rushe shi. Ni aka zaɓa in yi magana saboda na yi jami'a, ni da ko a aji ban taɓa ɗaga hannu ba.

"Luba, ɗauko takardar gidan nan mu tafi," in ji Iya a mafarkin. "Ki tattare zanenki, hadari ya haɗu a ƙasa."

Da gaskiyarta. Muna fita ruwa ya tsiro daga ƙasa ya nufi sama, mutane suna ta tafiya a tsaye cikin lemominsu da suka juya baki sama.

Sai ga mu a ofishin filaye. Shugaban wurin bunsuru ne, da tabarau, da biro a bayan kunne. Na miƙa masa takardar da mai unguwa ya rubuta wa kakana shekara hamsin da suka wuce. Ya karanta ta daga ƙasa zuwa sama, ya ninke ta, ya cinye.

"An adana ta," ya ce.

"Ranka ya daɗe, ita kaɗai gare mu."

"Shi ya sa na tauna ta a hankali."

"Ji ɗan banza da gemu," in ji Iya. Ya rubuta wannan a wurin adireshinmu.

Ya tura mu wurin mai awon filaye, wata hawainiya. Takan ɗaga ƙafa, ta yi tunani, ta mayar. Tun kafin a haife ni take auna layinmu. Da ta tsaya kusa da Iya sai ta zama launin zanenta, ta ce mu ke da gaskiya. Da ta jingina da bangon ofis sai ta yi fari, ta ce gwamnati ce.

Kotu ta zauna a bayan madafinmu. Bunsurun nan ne alƙali, hula kawai ya sauya.

"A shigo da mai ƙara."

Wani dogon tsoho ya taso daga ƙasa. Babbar rigarsa duk ciyawa ce da ledoji, ta bazu har ta taɓa bangonmu. A kafaɗarsa akwai allo mai tsatsa da aka rubuta za a gina asibiti a nan. Shi ne Filin Gwamnati. Ya zauna, bai kalli kowa ba.

"Wa zai yi magana a madadin madafi?" in ji alƙali.

Muryata ta fice da gudu ta faɗa randa. Iya ta sa moɗa ta kamfato ta, ta miƙo mini.

"Shanye, 'yar boko. Ba don ado aka kai ki makaranta ba."

Na shanye. Har yanzu na kasa ɗaga kai, don haka ƙasa nake kallo. A nan na ga rigar tsohon ta yi tudu-tudu wuri biyar a jere, kamar an rufe wani abu.

"Baba," na ce, "don Allah ɗan ɗaga rigarka."

Ya ɗaga. Kututturan bini-da-zugu ne, shingen da kakana ya dasa a kan iyaka, can gaba da bangon madafin.

"Ashe ba mu muka shigar maka ba, Baba. Kai ka matso."

Tsohon ya sunkuyar da kai. "Shekara arba'in ina jiran asibiti, 'yata. Ba mai zuwa wurina sai masu zubar da shara. Kullum da yamma ina jin ƙamshin daddawa, ina jin dariyarku. Sai in ɗan gusa. Ban san ya kai taku bakwai ba."

"To ai sai ka yi sallama, bawan Allah!" in ji Iya. "Wa ya hana ka tuwo a gidan nan?"

Ta zubo masa malmala biyu da miyar kuka. Alƙali ya yi gyatsa, takardarmu ta fito lafiya lau kamar an yi mata guga, har da hatimi.

Tsohon ya cinye tuwonsa, ya wanke hannu. Ya tattare rigarsa, ya ja da baya, ina ƙirgawa, har ya tsallake shingen. Jan fentin ya bi shi yana kaɗa jela.

Ƙarar kankarar tukunya ce ta tashe ni. Iya ce a bakin madafi, fentin yana nan a bango sama da kanta. Na yafa mayafi, na ɗauki fartanya, na zagaya baya. Ban daɗe ina janye shara ba na ci karo da kututture na farko. Har ya yi toho.