Majigin Maƙwabciya

"Ɗaga gefen hagu, Tela, ya karkace."

Tela ta sake hawa kujera, ƙusa a baki, ta gyara farin zanen gadon da ta rataya a bango. Maƙwabciyarta Mai Hoto tana jingine da matashi uku. Ta rame har zobenta ya koma babban yatsa, amma bakin nan yana nan.

Shekara ashirin da biyu ƙofofinsu na kallon juna a gidan haya. Mai Hoto fim take yi, irin wanda ba jarumi, ba waƙa, ba labari. Sai ta yi wata guda tana ɗaukar inuwar igiyar shanya, sannan ta zauna da allura tana kankare zaren fim ɗin, tana shafa masa fenti. Ana gayyatarta ƙasashe masu nisa a tafa mata, a gidan kuwa cewa ake karatu ne ya yi mata yawa. Tela ta taɓa kallon biyu, duka barci ta yi.

"Yaya, ki bari sai kin ji sauƙi mana," in ji Tela.

"Don na ji sauƙi likita ya sallamo ni? Ja labule ki kunna majigin."

Majigin ya kama ƙara kamar keken ɗinki. Jajaye da shuɗɗan layuka suka yi ta tsalle a kan zanen. Can sai ga tsakar gidansu, ga famfo, ga bokiti. Wata budurwa tana wanki. Ta ɗago ta ga kyamara, ta rufe fuska tana dariya, ta watso ruwa.

Tela ba ta san lokacin da ta zauna a ƙasa ba. Autarta ce, wadda mota ta kaɗe shekara tara da suka wuce. Hotonta ɗaya ne a hannun Tela, na katin makaranta, shi ma ta ɗaure fuska a ciki.

"Nan kaɗai ne ban sa wa allura ba," in ji Mai Hoto. "Hannuna ya ƙi."

"Shekara tara, Yaya? Kina jin kukana ta ƙofar nan, wannan yana cikin gwangwaninki na ajiye fim?"

"Tsoro na ji. Kullum sai in ce gobe. Ki yafe mini, ƙanwata."

 Tela ta tashi ta fita, ko majigin ba ta kashe ba.

Kwana biyu tana kai abinci, ta ba ta magani, ta gyara mata shimfiɗa, amma ban da "sannu" ba abin da ke fita daga bakinta. Mai Hoto sai dai ta bi ta da ido.

Rana ta uku da hantsi, Tela tana tsaka da ɗinki, ta tsayar da keken. Ta shiga ɗakin Mai Hoto da maganarta a baki.

"Yaya, komai ya wuce. Ki koya mini yadda ake mayar da fim ɗin farko."

Shiru.

"Yaya?"

Ta taɓa goshinta, ta ji sanyi. Ya kamata ta fita ta kira mutane, amma ba ta fita ba. Ta zauna a bakin gadon ta kamo hannun. Akwai shuɗin fenti a ƙarƙashin faratan, ya bushe. Ta jiƙa bakin zanenta ta fara gogewa a hankali, yatsa ɗaya bayan ɗaya. Bai fita ba.