Gyaran Muryar da Aka Yanke

A gidan talbijin ɗin nan kowa Almakashi yake ce mata, har sababbin ma'aikata sun ɗauka sunanta ne na gaske. Ɗakinta ba taga, sai allo biyu, da na'urar sauti, da kujerar da ta riga ta ɗauki siffar bayanta. Tun ana yanka kaset da reza a liƙe da salatif take tace hoto da murya. Masu cewa kyamara ba ta ƙarya ba su taɓa shiga ɗakin nan ba.

Malam, mai gabatar da shirin hira, shi ne babban aikinta. Jama'a sun san shi da magana sumul kamar an shafa mata mai. Ita kaɗai ta san ba ya iya fara jimla sai ya yi gyaran murya, ga in'ina idan baƙo ya harzuƙa shi. Tun suna da baƙin gashi take kwashe masa waɗannan, bai taɓa leƙo ɗakinta ba.

Da Malam zai ajiye aiki, darakta ya zo mata da murna.

"Anti, ki haɗa mana duk tuntuɓen bakinsa mu haska a taron ban kwana. Ko'ina haka ake yi, mutane na son dariya."

"Jikokinsa za su zo?"

"Har surukansa."

Ta ce ta ji. Ta tattara su kuwa, ta saurara, ta yi dariya har da hawaye. Amma fa aikin rayuwarta ne ake so ta warware a gaban surukai.

Ana gobe taro aka ƙwanƙwasa ƙofa. Kafin ta juya ta ji "ehem", ta san ko wane ne.

"Ashe nan ne mayankar," in ji Malam, yana neman wurin zama. "An ce za ki tona mini asiri."

"An ce in tona."

"Uwargida ta daɗe tana cewa na talbijin ɗin nan ba mijinta ba ne, nata tari yake kamar tsohon injin niƙa. Kunna mini in ji ɓarnata."

Ta miƙa masa abin saurare, ta kunna. Ya yi ta dariya yana dukan cinya. Can ya cire, ya dube ta.

"Duk wannan ke kika share?"

"Wani ma ya fi ƙarfin shara, sai da na aro numfashinka daga wani shirin na toshe."

"To, gobe fa?"

"Na'urata ta tsufa, Malam. Idan ta ga taro ba ta tashi."

Ya miƙe, ya yi gyaran murya zai yi godiya.

"Bar shi haka," ta ce. "Wannan ba zan yanke ba."