Na Ƙasan Rijiya

Shekarar da Nasara suka ja iyaka ta wajen Maigatari aka manta da ni a cikin rijiya. Lokacin ina aiki a hannun Gudaji, babban mai haƙar rijiya a ƙasar Gumel, shi a sama da igiya, ni a ƙasa da dagi. Mun yi kwana arba'in muna haƙa a Gagarawa kafin ruwa ya ɓuɓɓugo mini tsakanin ƙafafu. Na cika guga da ruwan fari na aika sama. Na ji guɗa, na ji ana sa wa Gudaji albarka har da kirari. Ni kuwa ina tsaye cikin taɓo, rairayi yana zubo mini a ka, ina kira ba mai amsawa. Sai da la'asar ta yi sanyi wani ya tuna da ni.

Na ce mugunta ce, na bar gidan Gudaji. Haushin nan ne ya koya mini sana'a: na bi tsofaffi na koyi karanta ƙasa, na san inda ake dasa itace don kada gefe ya rufta. Na kuma yi wa kaina alkawari, in na zama maigida ba wanda zai ɗanɗana ruwan fari sai na ƙasa ya fito ya fara sha. Na faɗi wannan a kasuwa, na faɗa a wajen suna, har matata Hannatu ta ce in na ƙara ba da labarin za ta faɗa rijiyar da kanta ta huta.

Bayan shekara goma sha biyu aka kira ni zuwa garin Sule Tankarkar, inda mutum biyu suka haƙa suka gaza. Na ƙasana Haladu ne, magidanci mai 'ya'ya huɗu, marar yawan magana. Ran nan da hantsi ya girgiza igiya, na jawo, sai ga guga yana ɗiga.

Ban san lokacin da gari ya taru ba. Mata na guɗa, wata tsohuwa ta kama hannuna tana kuka. Mai gari ya ce, "Manu, Allah ya yi maka albarka, kai za ka fara sha." Na sha. Wallahi ban taɓa jin ruwa mai daɗinsa ba. Aka ja ni inuwa, aka kawo fura, ina ta bayanin yadda na gane wurin.

Sai da liman ya miƙe don alwalar azahar na ga igiya a yashe a bakin rijiya.

Na ruga. Daga can ƙasa wata murya da ta riga ta dushe ta ce, "Maigida, ina nan fa."

Muka jawo shi. Rairayi ya cika masa kai, ƙafafunsa sun yi fari. Kunya ta hana ni kallonsa. Na ce, "Haladu, ka yafe mini."

Ya ce, "Ba komai, maigida. Na san mantuwa ce."

Shi nan take ya sani. Ni shekara goma sha biyu ban yi wa Gudaji wannan zaton ba, ga shi bara aka binne shi ban je gaisuwa ba.