Hoton Katin Matar Saje

Katin shaidar matar Saje ya ƙare, kuma ba a sabunta wa iyalin soja sai maigida ya zo ya sa hannu. Dole ta lallaɓo shi zuwa ofishin, ko da yake tun da ya dawo daga fagen daga ba ya son shiga mutane.

Tana zaune, mai hoto ya ce ta ɗago kai. Wutar kyamara na walƙawa, Saje ya yi kukan kura ya shaƙe mutumin, ya riƙa buga kansa da bango har jini ya wanke masa fuska.

"Baban yara, ni ce! Sake shi!" Ta rungumo shi ta baya. Ya kai mata gwiwar hannu a baki, haƙori ya fita. Sai da sojoji uku suka danne shi, yana ta kiran abokansa da suka mutu.

Akawun ofishin ya miƙo mata ƙyalle. "Hajiya, ki dawo in bakin ya sace."

Ta tofar da jini. "Yau za a yi, Malam. Da katin nan nake karɓo masa magani."

Akawu ya ɗauki kyamarar da kansa. Da kumburarren leɓe hoton ya fito.