Tafin Ƙafar Dafnus

Shekara ashirin da biyu Dafnus yana hura wutar wani gidan wanka a birnin Ostiya, amma bai taɓa taka ɗakin zafi ba. Bawa ne, wurinsa ƙarƙashin ƙasa. Ya san an ɗora daɓen a kan ginshiƙan bulo, zafin wutarsa na ratsawa tsakaninsu ya haura ta bututun cikin bango. Yadda ake jin sa a can sama kuwa, sai dai labari, kuma son ganin nan ya daɗe yana cin sa.

Ran nan da hantsi Kirispus, mai kula da gidan, ya sauko yana toshe hanci.

"Kai tsoho, masu wanka sun ce ɗakin ya koma randa! In aka kaɗa ƙararrawa gobe bai gyaru ba, gona za ka, ka taya jakuna juya dutsen niƙa."

Dafnus ya ce, "Maigida, wutata lafiyarta ƙalau. Bar ni in hau in gani."

"Da wannan baƙin jikin? To yi maza kafin a buɗe."

A bakin ƙofa ya tarar da takalman katako a jere. Ya ɗauka na manya ne, ya kauce musu. Idonsa na kan tagogin gilashi da kifayen da aka zana a bango, ya jefa ƙafa. Sai ihu, daɓen wajen ƙofa kamar garwashi!

Kirispus har da riƙe ciki. "Wawa! Takalman nan na ado ne?"

Dafnus na ta tsalle kamar an jefa fara a kasko, har ya dira kusa da kwamin wanka. Nan ya tsaya cak. Sanyi. Ya taka gaba, ya dawo baya, ya bi iyakar zafin da tafin ƙafa har jikin bango, abin da mai takalmi ba zai taɓa ganewa ba.

"Maigida, a fasa nan."

Aka fasa. Bututu uku sun toshe da kunkunniya, aka kwashe ta.

Washegari ɗakin ya yi zafi, ba wanda ya sake zancen gona. Dafnus na zaune a bakin murhu, ƙafafu duk bororo, yana duban wutar cikin murna da mamaki.

"Ashe haka kike?" ya ce mata. "Shekara ashirin da biyu, ba ki taɓa gaya mini ba."