Ɗakin Boon Lai

Na same ta zaune a tsakiyar matakala, bargo da zanen gado a cinyarta, tana numfashi sama-sama.

"Kada ki tsaya kina kallona kamar kin ga fatalwa, Vibeke. Karɓi kayan nan ki kai sama."

"Bodil, wa ya ce ki taso daga gado?"

"Jibi za a fara gasa. So kike yaron nan ya zo ya kwanta a kan katifa ba shimfiɗa?"

Yaron da take faɗa ya haura shekara saba'in, kuma tun watan Yuni ya mutu. Ni maƙwabciyarta na sani, ɗanta Troels ya sani. Ita kaɗai ce ba ta sani ba. Na karɓi kayan, na hau na gyara gadon.

Gasar badminton ta garinmu, wasan da ake buga ƙwallon fuka-fukai ta saman raga, ta girmi Bodil da kaɗan. Kafin yaƙin duniya na biyu aka fara ta a zauren motsa jiki na wata makaranta, sojojin mamaya suka ƙwace zauren aka dakata, bayan sun tafi aka ci gaba. Lokacin da 'yan wasan Asiya suka fara zuwa, ƙungiyar da ke shirya gasar ba ta iya kama musu otal, sai a rarraba su gida-gida. Haka mijin Bodil, marigayi Ejvind, ya shigo mata da wani siririn saurayi daga Penang mai suna Boon Lai, ba rigar sanyi, haƙoransa na karo da juna. Ta zura masa rigar Ejvind, ta dafa masa shinkafa karon farko a rayuwarta, ta dunƙule kamar laka. Ya cinye tas, sannan ya tambaya cikin ladabi ko ana gini da ita.

Tun daga nan duk Oktoba yana gidan. Ya zo a ɗan wasa, ya ci kofi sau ɗaya, ya dawo a mai horarwa, daga baya ya dinga zuwa kallo kawai. Gasar ta koma babban zaure, 'yan wasa suka koma otal, shi bai taɓa barin ɗakin saman ba. Da Ejvind ya rasu, Boon Lai yana cikin masu ɗaukar akwatin gawar.

'Yar Boon Lai ta kira da labarin rasuwarsa ne lokacin da Bodil ke asibiti, an yi mata aiki, likitoci sun ce ciwon ya riga ya bazu. Troels ya ce a bari ta ɗan farfaɗo. Ba ta farfaɗo ba.

Da yamma na tare Troels a bakin shinge yana fito da kaya daga mota.

"Yau a matakala na tsince ta. Ka faɗa mata."

"In faɗa mata me? Ba za ta kai ƙarshen wata ba, Vibeke. Ki bar ta da ɗan abin da take jira."

"In ta ga bai zo ba fa?"

"Sai in ce jirgi ne ya ɓata masa tafiya." Ya rufe motar da ƙarfi. "Uwata ce, ba taki ba."

Ranar buɗe gasa muka jawo gadonta gaban talabijin a falo. Ta sa an taje mata kai. Na kawo gahawa da baƙin burodi, ba ta taɓa ba, tana ta mita.

"Ko waya bai yi mini ba ranar haihuwata. Bari ya zo. A tsaye zai ci abinci."

Da yake bana gasar ta cika shekara casa'in, kafin wasan farko suka nuna tsofaffin hotuna: maza da dogayen fararen wanduna, mata da siket har ƙauri. Bodil tana nuna su da yatsa, wannan mashayi ne, waccan ta gudu da alƙalin wasa. Sai mai sanarwa ya ce jama'a su miƙe a yi shiru don tunawa da zakarun da aka rasa a bana. Fuska ta biyu da ta fito ta Boon Lai ce, yana saurayi, ya ɗaga kofi sama, yana dariya.

Troels ya zabura zai kashe.

"Bar shi," in ji ta. "Ku ɗaga ni."

Muka tallafe ta ta zauna. Ta yi shirun tare da mutanen zauren har aka gama, aka fara tafi.

"Yaushe?"

"Yuni, Mama. Kina asibiti. Na ga kamar..."

"Yuni." Ta juyo gare ni. "Ke ma?"

Na sunkuyar da kai.

"Wata huɗu ina zaginsa a raina. Na ce ya ji na kwanta ciwo ya manta da ni. Kun bar ni ina fushi da matacce." Ta nuna mana ƙofa. "Ku fita mini daga gida."

Daga ranar ba ta ƙara yi wa Troels magana ba. In tana son ruwa, sai ta faɗa wa ma'aikaciyar jinya da ke zuwa duba ta. Shi kuwa ya koma kicin da zama, ina hango shi ta taga yana wanke kofin da ya riga ya wanke.

Ranar Asabar ma'aikaciyar ta ƙwanƙwasa mini ƙofa, wai ana nemana. Bodil ta ƙanƙance a cikin bargo, leɓɓanta sun bushe.

"Ban yafe miki ba. Amma idona ba ya ganin lambobi. Kira mini 'yar Boon Lai."

Na riƙe mata wayar a kunne. Da guntun Turancinta ta tambaya ko ya sha wahala. Aka ce a'a, a kujerarsa ya tafi bayan cin abincin rana. Ta tambaya ko ya san ba ta da lafiya. Aka ce ya sani, har ya ce bana shi zai yi girkin. Bodil ta yi wata 'yar dariya da ta koma tari.

"Maƙaryaci. Ko ƙwai bai iya dafawa ba."

Da aka kashe wayar ta juya ido wajen ƙofa.

"Ce wa wancan ya shigo. Ina jin numfashinsa a bayan ƙofa."

Troels ya shigo ya zauna a gefen gadon. Ya fara magana, ta rufe ido, ya yi shiru. Ya kama hannunta. Ba ta riƙe nasa ba, ba ta kuma janye ba. A haka na bar su.

Ta cika ranar Lahadi da hantsi, kafin a fara wasan ƙarshe. Troels ya ce har ta tafi ba ta ce masa komai ba. Ya tambaye ni ko hakan yafiya ce. Na ce ban sani ba.

Washegari da safe motar gawa ta zo ta ɗauke ta. Muna tsaye a bakin ƙofa, ana yayyafi. Da ta kai kwanar layinmu sai ta tsaya, ta ba wata doguwar bas hanya. 'Yan wasa ne za su tashar jirgin ƙasa, manyan jakunkunan raket ɗin buga ƙwallo a cinyoyinsu, yawancinsu na barci. Wata yarinya ta goge raɓar gilashi da hannun rigarta, ta leƙo layinmu, bas ɗin ta wuce.