Abin da na ji a gadon asibiti

Shekara arba'in da ɗaya ina feɗe fugu, kifin nan mai guba a hanta, da hannuna, ban taɓa yin kuskure ba sai ranar Talatar nan. Wani ya faɗo cikin komata, na ga hantarsa ta yi ɓul-ɓul, kwaɗayi ya ja ni na ɗanɗana kaɗan, yadda marigayi mijina yakan yi. Kowa a tsibirinmu ya san an hana, ni ma na sani. Kafin in wanke kwano leɓena ya mutu. Kafin a tsallaka da ni asibitin babban gari, ko fatar idona ba na iya ɗagawa.

Suka zura mini bututu a maƙogwaro, na'ura na yi mini numfashi. Jikina ya zama kamar buhun shinkafa, a juya nan a juya can. Amma ina jin komai sarai, hankalina kuma ko gezau.

Washegari da hantsi ɗana Noriyuki ya iso daga Osaka da matarsa Kayoko. Ya kira ni sau biyu, ban motsa ba, shi ke nan ya yanke hukunci a kaina. Wai dama tun bara kaina ya fara juyewa, don mai hankali ba ya cin hantar fugu. Wai in na tashi, a ba maƙwabcina Shigeru jirgina, ni kuma a kai ni gidan kula da tsofaffi kusa da su. Kayoko ta ce ta ma ga wani mai kyau, har naɗe takarda a yi tsuntsayen wasa ake koya wa tsofaffin. Naɗe takarda, ni Fusae da nake ja da igiyar ruwa tun kafin a haife ta. Na cika na batse, ga shi ba halin ko tsaki.

Ana cikin haka likita Iwakiri ta shigo, wata 'yar siririya mara wasa.

"Ku iya bakinku," in ji ta. "Tana jin ku."

Noriyuki ya ce ai ko haske aka dalla mini idona ba ya motsi. Ta ce gubar ta kama jijiyoyin da ke motsa jiki ne, amma da ƙyar take samun hanyar shiga ƙwaƙwalwa. Hanyoyin jinin da ke can ciki bangonsu a matse yake gam, kamar katakon jirgin da aka toshe da kyau. Abinci da iska suna wucewa, irin wannan guba kuwa sai dai ta yi ta zagaye a waje har jiki ya fitar da ita. A raina na ce, yarinya, kin ci kyautar kifi.

Da la'asar Kayoko ta fita neman shayi. Noriyuki ya ja kujera ya kama hannuna, sannan ya faɗi wata magana a hankali. Tausayinsa ya kama ni, amma fushina bai sauka ba.

Rana ta uku yatsana ya motsa. Da aka zare bututun, na ƙi ko kurɓar ruwa sai da na sa suka tsaya a gabana. Da dasasshiyar murya na maimaita musu zancensu tiryan-tiryan, har da sunan gidan tsofaffin da naɗe takardar. Kayoko ta sunkuyar da kai. Na ce hanta dai na bar ta har abada, wannan laifina ne kuma na karɓa. Amma kan da guba ta kasa shiga, ba su za su ce ya lalace ba. Jirgina yana nan inda na ɗaure shi, kuma ana sallamata zan koma ruwa.

Noriyuki ya yi tsuru-tsuru. "Inna, me kuma kika ji?"

"Na ji ka ce kada in bar ka, ba ka shirya ba," na ce masa. "To, ni ma ban shirya ba."